Jiniyar Ƙarfe Ɗaya

Shekara talatin da ɗaya ina ɗana nakiya
a cikin farin dutsen Simpang Pulai.
Ran da na fara, Ipoh tana can nesa,
sai ka hau tudu kake hango fitilunta.
Maƙwabtanmu birai ne da jemagu
da tsohuwar gonar roba da aka daina tsagawa.
Ba wanda ya taɓa kai ƙararmu.

Dutse bai taka ko nan da can ba.
Gari ne ya yi ƙafa.
Safiyo ya zo da turakunsa masu jan kai,
aka kafa allo da hoton dutsenmu,
ɓangaren da ba mu ci ba tukuna,
kore shar, da tsuntsaye a kansa.
Tifa tana bin tifa zuwa gangare,
tsakuwarmu ce a harsashin kowane gida.
Ni na fasa ta. Na san launinta.

Thilaga ta sayi mai lamba arba'in da bakwai,
bashin banki na shekara talatin.
Da kuɗin dutse na kai ta makarantar jinya,
da kuɗin jinya ta ba ni ɗakin baya
bayan da muka ƙone gawar uwarta.

Ƙarfe ɗaya saura minti biyar, jiniya.
Ina ɗaga tuta, ina ƙirga.
Na sani a can ƙasa tana barcin aikin dare.
Na danna.
Kunnena na hagu ya daɗe da mutuwa,
na dama ne ke kawo mini labari da yamma:
kofuna sun yi rawa a kan kanta,
Kavin ya farka da tarin nan nasa mai fito,
tsagar bangon falo ta ƙara taƙi guda,
yanzu ta bar taga ta nufi silin.
Madam Ooi ta makwabta ta tsinci dutse
kamar ƙwallon kwakwa a akurkin kajinta,
ta ɗaure shi a leda, ta rubuta masa kwanan wata.

Ran Lahadi Thilaga ta zuba mini shinkafa a ganyen ayaba,
ta ajiye takarda a gefe, nesa da miya.
Mutum ɗari biyu da sha biyu sun sa hannu
a rufe mahaƙar.
Ta ce, "Appa, kai ma a gidan nan kake numfashi."
Ban ce komai ba. Na nemi ƙarin gishiri.

Litinin, Cheong ya tara mu a gindin sikeli.
Shi ma da tasa takardar,
da lasisi mai hatimi, da taswira ta tun kafin a haife ta.
Ya ce, "Mu muka riga su kwana a nan,
don me za a ce mu riga su tashi?"
Mu sittin da huɗu ne.
Ramli na da 'ya'ya biyar. Ah Seng na jiran aikin ido.
Biro ya zagayo ya tsaya a gabana.
Na ce hannuna da maiƙo.

Wanda ya zana layin gidajen
kusa da dutse haka, ban san fuskarsa ba.
An ce yana can bakin teku yana sayar da wani hoton.

Daren jiya, da suka yi barci,
na kwaɓa siminti a tsohon kwanon uwarta,
na bi tsagar da ɗan yatsa ina cikewa.
Da na juya buhun na karanta bayansa:
daga dutsenmu aka niƙa shi.
Na zauna a ƙasa har ya bushe.

Takardu biyu suna aljihun rigata,
gumi ya fara haɗe su.
Kavin ya ce in zo masa da farin dutse ƙarami,
mai ƙyalli, irin na rannan.
Gobe akwai rami goma sha takwas da za a cika.